'Yan Infulas

Ana tsakiyar yankan gero mutanen yamma suka fara shigowa Kwarin Gawo. Da farko ɗai-ɗai ne, mace da 'ya'yanta a bayan babur, ko tsoho yana jan akuya. Kafin a ci kasuwa biyu sai ga su a amalanke, da tabarmi da tukwane da kaji ɗaure da ƙafa. Daga ƙauyukan Shanono na bakin iyaka suke, inda 'yan bindiga suka fara ƙetarowa suna kora shanu, suna harbin duk wanda ya tsaya musu a gaba.

Kwarin Gawo ƙauye ne a ƙasar Bagwai, kuma babu taku ɗaya na ƙasarsa da ba shi da mai shi. Gona tana jingine da gona, iyakarsu layin gamba ne kawai, shuka kuwa har jikin danga take kaiwa. Duk da haka an karɓi baƙin da hannu biyu. Masu 'yan'uwa suka shiga gidajen 'yan'uwansu, waɗanda ba su da kowa dagaci ya sa aka buɗe musu ajujuwan firamare. Mata suka riƙa aika musu da tuwo da kunu.

Cikin waɗanda suka zo akwai Asiya, ƙanwar Malam Iliyasu, mai koyar da Turanci a ƙaramar sakandaren garin. Daga Tudun Kanya ta taso, inda ta yi aure tun tana budurwa. Ta zo da 'yarta Juwairiyya, 'yar shekara goma, da ƙaramin ɗanta Uzairu wanda bai daɗe da iya magana ba. Mijinta Abdulkabir a ƙofar gida aka harbe shi, igiyar shanun nomansa a hannu, ya ƙi saki. Da takaba ta shigo gidan wanta. Hure, matar Iliyasu, ta kwashe buhunan gyaɗa daga ɗakin ajiya ta share, ta shimfiɗa mata tabarma, ta zauna kusa da ita suka yi kuka tare.

Malam Iliyasu ya haura hamsin. Mutum ne mai son sanin asalin kalma, yana da wani tsohon ƙamus tun na kwalejin horon malamai wanda yake karantawa kamar yadda wasu ke sauraron rediyo. Ɗalibansa ba su damu da wannan ba, su dai a ba su abin da za su rubuta a jarrabawa. A majalisa kuwa zancen taki da farashin hatsi ake yi. Ya daɗe ba wanda ya tambaye shi wani abu da ya sani.

Wata Talata da hantsi farar mota ta wata ƙungiyar agaji ta tsaya a ƙofar gidan dagaci. Shugabar tawagar matashiya ce 'yar Kudu, ba ta jin Hausa, sai aka aika makaranta a kira Malam Iliyasu ya yi tafinta. Mutane suka taru a gindin darbejiya. Matar ta tambayi yawan baƙin, da yawan rijiyoyi, da inda suke kewayawa. Ta yi maganarta cikin ladabi, ta ce za su kawo barguna da magani. Amma akwai wata kalma da ta yi ta maimaitawa, wato influx, shi kuma Iliyasu duk lokacin da ta faɗa sai ya ce "shigowar baƙi".

Da motar ta tafi, mutane ba su watse ba. Ɗanliti mai injin niƙa, mutum mai kunne da saurin baki, ya ce shi fa ya ji wata kalma tana ta dawowa a bakin matar, infulas ko me, kuma ba ya jin baƙi kawai take nufi, don ya san kalmar baƙo da Turanci, ba ita ba ce.

Iliyasu ya ji daɗin tambayar har cikin ransa. Ya gyara zama ya fara bayani. Ya ce kalmar ba ta Turawan Ingila ba ce tun asali, aro suka yi daga Latin, harshen mutanen Rum na dā. Gaɓa biyu ce aka haɗa: in, wato ciki, da fluere, wato gudana. Ma'anarta ta farko ruwa ne da ke kwararowa ya shiga wani wuri, kamar yadda rafuka ke zubawa cikin dam ɗin Watari da damina. Daga baya aka riƙa faɗinta a kan kaya da kuɗi da mutane, duk abin da ya shigo da yawa a lokaci ɗaya. Ya ga ana sauraronsa, har dattawa sun juyo, sai ya ƙara da abin da ba a tambaye shi ba. Ya ce daga wannan saiwar ce sunan mura mai tsanani ya fito, influenza, domin mutanen Italiya na dā sun ɗauka cuta daga taurari take kwararowa ta shiga jikin mutane.

Ɗanliti ya yi dariya ya ce, "To Malam, ashe ambaliya ce, kuma ashe cuta ce. Bature bai yi ƙarya ba."

Wasu suka yi dariya, dagaci ya ce a daina wannan zance, aka tashi sallar azahar. Iliyasu ya koma gida cikin nishaɗi, har ya ba Hure labarin yadda mutane suka yi shiru suna jinsa.

Gidan niƙa wuri ne da kowane gida ke aika yaro kullum. Kafin mako ya zagayo kalmar ta shiga ko'ina. Da farko wasa ce. Mai shayi zai ce a ba infulas ɗin nan kofi, baƙon ma ya yi murmushi. Yara suka sa ta a waƙar gaɗa. Amma baƙin ba su daina zuwa ba, kuma alherin farko ya fara gajiya. Rijiyar tsakiyar gari da ba ta taɓa ƙafewa ba sai ga shi guga na fitowa da laka tun kafin rana ta take. Ana wayar gari a ga an zare kara daga gonar wani, ko awakin baƙi sun shiga harawa. Firamare ta tsaya, yaran gari suna yawo. Bargunan da aka yi alkawari sun zo, amma ba su kai ga rabin mutane ba, aka yi rigima a wajen rabo. Sai kuma raɗe-raɗi ya tashi cewa a cikin baƙin akwai masu kai wa 'yan bindiga labari. Ba wanda ya taɓa nuna mutum ɗaya, amma kowa ya ji daga wani.

A gidan Iliyasu ba a yi faɗa ba. Asiya ba ta iya zama haka kawai. Tun da asuba take sharar tsakar gida, ta yi surfe, ta ɓare gyaɗa har yatsunta su yi ja. Idan an zuba abinci sai ta ce ta ƙoshi, ta tura wa yara nata. Hure ta lura, ta yi mata magana sau da yawa, ta ce gidan nan gidan ubanta ne, hatsin da ke rumbu da haƙƙinta a ciki. Asiya ta ce ta sani. Amma dukansu biyu suna ganin yadda rumbun ke sauka, kuma dukansu sun san geron bana ko ba baƙi da ƙyar zai kai su bazara.

Da sanyi ya shigo sai ƙyanda ta ɓulla. A ajujuwan firamare ta fara, inda yara ke kwana a cunkushe a kan siminti. Yaran baƙi suka fara mutuwa, ana kai su maƙabarta da mutum huɗu ko biyar a bayan gawa. Daga nan ta shiga gari. Ma'aikacin lafiya ya zo daga Bagwai ya ce cutar tana kama duk yaron da ba a yi wa riga-kafi ba, na gari ko baƙo, kuma a Kwarin Gawo irin waɗannan yara suna da yawa. Ba a riƙe maganarsa ba. Ranar wata Laraba 'yar Ɗanliti ta rasu, yarinya 'yar shekara huɗu da yake ɗorawa a kan buhu a gidan niƙa tana kallonsa yana aiki. Ya rufe injin, ya zauna a ƙofar gida ba ya ko amsa gaisuwa sosai. Da ya fara magana kuma, abu ɗaya yake faɗa wa duk wanda ya zo: ai Malam Iliyasu da bakinsa ya faɗa, a gaban dagaci, cewa baƙin nan da cuta sunansu ɗaya.

Iliyasu ya je ya same shi. Ya yi masa ta'aziyya, sannan a hankali ya ce abin da ya faɗa ranar nan labarin kalma ne kawai, camfin mutanen dā ne, su kansu Turawan sun daɗe da barinsa. Ɗanliti ya dube shi da jajayen idanu ya ce shi bai yi karatu ba, amma ya san kafin mutanen nan su zo 'yarsa tana da rai. Iliyasu ya tashi ya tafi. Ya yi ƙoƙarin gyara maganar a masallaci, ya yi a aji, ya yi a wajen mai shayi. Mutane suna gyaɗa kai su ce haka ne Malam, sannan su ci gaba da faɗin abin da suke faɗa.

Bayan sallar Juma'a dagaci ya tara magidanta. Aka daɗe ana magana. Masu zafi suka ce a kori kowa, har da na cikin gidaje. Liman ya tuna musu haƙƙin wanda ya nemi mafaka, aka saurare shi don girmansa, amma ba wanda ya ɗora a kan maganarsa. Sai Alhaji Kallamu ya miƙe. Shi ne mai babban kanti a bakin hanya da wata tsohuwar a-kori-kura. Mahaifinsa daga Borno ya zo a shekarun fari, ya yi aure a nan, shi Kallamu a Kwarin Gawo aka haife shi, Barbarci ma gaisuwa kawai ya iya. Ya ce a ji tsoron Allah, mutanen nan ba yawon buɗe ido suka fito ba, kuma wanda ya kore su yau bai san inda shi zai kwana baɗi ba. Bai gama ba wani daga baya ya ce ai dole Alhaji ya faɗi haka, tunda shi ma tsohon infulas ne. Aka yi dariya, ba mai yawa ba. Kallamu ya tsaya ɗan lokaci yana duban inda maganar ta fito, sannan ya zauna.

Abin da aka yanke shi ne na firamare su wuce Bagwai inda hukuma ta ce ta tanadi wuri. Na cikin gidaje su zauna, amma kada su ɗebi ruwa a rijiyar gari sai bayan azahar, kuma kada 'ya'yansu su shiga cikin yara har cutar ta wuce. Iliyasu ya ce wannan zalunci ne. Aka ce masa shi yana da albashi, ba zai gane ba.

Kwana kaɗan bayan haka Juwairiyya ta dawo daga rijiya ba tulu. Ba ta san an sa doka ba, ta je da safe kamar kullum. Wasu 'yan mata suka ture ta, tulun ya fashe, suka biyo ta da waƙa har ƙofar gida. Ba ta yi kuka ba, ta shiga ɗaki ta juya fuska ga bango. Hure ta ɗauki mayafi za ta fita, Asiya ta riƙe ta, ta ce ta bari.

Da la'asar Iliyasu ya dawo, yana zaune a zaure yana cire takalmi, Asiya ta zo ta durƙusa daga gefe. Ta gaishe shi, sannan ta ce, "Yaya, an ce kai ka fassara musu sunan nan da ake kiranmu. Ina so in ji daga bakinka. Mene ne ma'anarsa?"

Ya gaya mata. Wannan karon bai ja zancen ba. Ya ce ruwa ne da ya kwararo ya shigo wuri, shi ke nan, kuma ba da ita ko 'ya'yanta yake ba, ba da kowa yake ba. Ya ce da ya san inda maganar za ta kai da ya yi shiru.

Ta ce ba ta zarge shi ba, ta san halinsa tun suna yara, in ya san abu sai ya faɗa. Ta ja bakin mayafinta. "Amma ni ba haka kawai na kwararo ba, Yaya. Ina da gida, ina da gona. Dawar Baban Juwairiyya tana can ta nuna, tsuntsu na ci. Zan je in yanko."

A lokacin wasu daga mutanen Tudun Kanya sun fara komawa da rana. Su fita bayan sallar asuba, su yi yanka har rana ta take, su ɗauro abin da za su iya su baro wurin kafin la'asar, don an ce 'yan bindigar da yamma suke fitowa. Iliyasu ya ƙi. Ya ce tana cikin takaba, kuma hanyar ba ta da tabbas. Ya ce shi zai je ranar Asabar, ko ya ɗauki 'yan ƙwadago. Ta ce ba ɗan ƙwadagon da zai yarda ya je can, shi kuma bai san iyakar gonar ba, hannunsa ma ya manta da lauje. Maganar takaba kuwa ta riga ta aika an tambayi liman, ya ce lalura ta halatta fita da rana. Ya ɗaga murya, abin da bai saba ba, ya ce muddin a gidansa take ba za ta je ba. Ta dube shi kawai. Shi da kansa ya ji nauyin abin da ya faɗa, ya sunkuyar da kai. Washegari ta bi masu komawa yankan.

Kallamu ne yake kai su a motarsa har wata mararraba, daga nan su ƙarasa da ƙafa, da yamma ya koma ya kwaso su. Ba ya karɓar komai. Ranar farko Asiya ta dawo da damin dawa uku da ƙaiƙayi a wuya da hannu, amma fuskarta ta saki yadda Hure ba ta gani ba tun zuwanta. Ta ci tuwo ta ƙara. Ta ba da labarin garin: an ƙone kantuna biyu, an ɓalle ƙofofi, gidanta yana nan sai dai an kwashe katifa da keken ɗinki. Ta ce akwai wata tsohuwa, Iya Hafsatu, da ta ƙi tashi, tana zaune ita da kajinta, ta ce ba inda za ta je a shekarunta. Ta kawo wa Uzairu wani ƙaramin kwanonsa da ta tsinta a tsakar gida. Yaron ya kwana da shi a hannu.

Haka ta yi ta zuwa, damman suna taruwa a bayan ɗakin Hure. Iliyasu ya bi su ranar Asabar, ya ga gonar, ya yi yanka har tafinsa ya yi bororo, ya ga ba abin da ya faru, hankalinsa ya ɗan kwanta. Ranar Litinin ya koma aji. Asiya ta ce saura gefe ɗaya, na wajen rafi, in ta gama shi ta gama.

Ranar da ta je wannan gefen, yana cikin aji wajen azahar wani malami ya leƙo ya ce ana nemansa a waje. Kallamu ne tsaye a jikin mota, bai ko kashe injin ba. Ya ce an buga masa waya, 'yan bindiga sun fito da rana tsaka, sun zo ta wajen rafi a kan babura. Mutane sun watse cikin dawa, wasu sun iso mararraba da gudu, ya kwaso su. Ya duba cikin waɗanda ya kwaso, babu Asiya. Wata mata ta ce ta ji harbi daga wajen gonarta.

Iliyasu ya ce su tafi yanzu. Kallamu ya ce ba mai barinsu su wuce, 'yan sa-kai sun tare hanya, sai da safe. Iliyasu ya koma gida ya gaya wa Hure a zaure da ƙaramar murya. Suka ce wa yara motar ce ta lalace, Innarsu za ta kwana can. Juwairiyya ta dube su ɗaya bayan ɗaya.

Da gari ya waye suka tafi, shi da Kallamu da wasu maza na Tudun Kanya, 'yan sa-kai a gaba da bindigoginsu na gida. Garin shiru, sai kukan kurciya. Iya Hafsatu suka tarar zaune a bakin hanya, ta ce tun jiya take jiran wani ya zo. Ita ta kai su. Mutum biyar aka kashe. Asiya tana kwance a tsakiyar kunya, kusa da damin da ta fara ɗaurewa, harsashi ya same ta a baya. Tsohuwar ta riga ta rufe ta da zane tun jiya, ta ɗora kara a kai saboda ungulu.

Ba mace a wurin sai Iya Hafsatu, ita kaɗai ta yi mata sutura a ɗakinta, mazan suna ɗebo mata ruwa suna ajiyewa a ƙofa. 'Yan sa-kai suna ta cewa a yi sauri. Aka haƙa kaburbura a maƙabartar garin, ba su yi zurfin da ya kamata ba. Aka ce Iliyasu ya ja sallah, ya ce ba zai iya ba, Kallamu ya shiga gaba. An sa ta kusa da mijinta, wanda ƙasar kabarinsa ba ta gama kwanciya ba. Da za su tafi suka roƙi tsohuwar ta biyo su. Ta ce in ta tafi wa zai rufe na gaba. Kallamu ya sa aka ɗora sauran damman a mota, har da wanda ba a gama ɗaurewa ba. Iliyasu ya zauna a gaba, hannuwansa duk ƙasa, har suka iso Kwarin Gawo.

Hure ce ta gaya wa Juwairiyya. Yarinyar ta ce ta sani tun jiya. Sai da dare ya yi, Uzairu ya fara kiran Inna, sannan ta fashe da kuka.

Mutanen gari sun zo ta'aziyya da yawa, har zauren ya kasa ɗauka aka shimfiɗa tabarmi a waje. Wasu da suka fi kowa zafi a taron Juma'a su suka fi daɗewa a zaune. Ɗanliti ma ya zo, ya rame, ya durƙusa ya yi addu'a, ya ce Allah ya ba da haƙuri, Iliyasu ya ce amin, Allah ya ba da lada. Ba wanda ya dubi idon wani. Dokar rijiya ba a soke ta ba, sai dai an daina maganarta. Ƙyandar ta lafa bayan an zo an yi wa yara allura. Sunan kuwa ya zauna. Har baƙin da kansu suka fara faɗinsa, in an tambayi mutum daga ina yake ya ce shi infulas ne. Iliyasu ya ci gaba da zuwa makaranta, yana rubuta abin da ke manhaja a allo, yara su kwafa, a tashi. Majalisa ya daina zama.

Bayan sadakar arba'in ƙanin Abdulkabir ya zo daga Kano, inda yake sayar da kayan gwari. Mutum ne mai kunya, ya daɗe yana kewaye-kewaye kafin ya faɗi abin da ya kawo shi. Dangin uba sun zauna, sun ce a raba nauyin. Shi zai ɗauki Uzairu, tunda namiji ne kuma jinin gidansu, matarsa za ta riƙe shi tare da nata. Juwairiyya ta zauna wajen kawunta, don ɗakinsa ɗaya ne a Kano, ba wurin yarinya mai tasowa. Hure ta ce a bar su tare, ita za ta iya, ko me za a ci a ci tare. Mutumin ya ce ya gode, amma ba shi kaɗai ya yanke ba. Iliyasu ya san haƙƙinsu ne. Ya nemi a ƙara wa yaron wata biyu ya ɗan saba da rashin, aka ce gara yanzu tun bai gama wayo ba.

Hure ta wanke kayan Uzairu ta ɗaure a ɗankwali, ta auna dawar Asiya da aka sussuka ta zuba rabi a buhu ta ce rabonsa ne. Da safe Iliyasu ya ɗauki baƙon da Uzairu a babur zuwa tashar Bagwai, Juwairiyya ta ce sai ta raka. Ita ta riƙe yaron a cinya duk tsawon jiran da aka yi kafin mota ta cika, tana ɓare masa gyaɗa, tana gaya masa zai ga manyan motoci da fitilu. Da kwandasta ya ce a shiga, ta miƙa shi da kanta. Uzairu ya shiga da murna, sai da aka ja ƙofa ya ga ba ta biyo ba, ya fara dukan gilashi. Motar ta fita daga tasha ta hau titi.

Iliyasu ya tayar da babur ya ce ta hau. Ta ce ya ɗan jira. Suka tsaya a bakin tashar, masu talla na ratsa su, har ta gaji da duban titin don kanta. Sannan ta hau bayansa ta riƙe rigarsa, suka kama hanyar gida.